Kakana da Ya Iya Mutuwa

Kakana ya zo Alƙahira ne don a cire masa yanar ido. Ya haura tamanin. Idon hagu ya daɗe da tafiya, na dama kuma bai rage masa komai ba sai haske da inuwa. Likitocin gida sun ce na hagu ba abin da za a yi masa, na dama ne ake iya cetowa, shi ya sa 'ya'yansa suka haɗa kai suka sa shi a jirgi daga Yamai, suka turo mini shi kamar saƙo. Ni ce jikarsa da ke zaune a nan. Ina karanta labarai a sashen Hausa na wani gidan rediyo, mijina kuma yana karatun digiri na uku a fannin fiƙihu. Muna haya a unguwar Faisal, a hawa na huɗu na wani gida da lif ɗinsa ke aiki ranar da ya ga dama.

A filin jirgi wani ma'aikaci ya turo shi a keken marasa lafiya. Ina yin sallama ya juyo da fuskarsa gaba ɗaya wajena.

"Amarya, ke ce? Muryarki ta yi kauri. Ko dai rediyon ne, ko kuwa tuwon wannan mutumin."

"Ango, ka tsufa," na ce. "Har turo ka ake yi."

"Turo ni ake yi saboda daraja. Ina ɓarawon?"

Mijina ya durƙusa ya gaishe shi. Kaka ya laluba kansa, ya shafa gemunsa, ya ce, "Wannan ne ya ƙwace mini mata? Bari a gyara mini ido in gan shi da kyau, sannan in san irin ƙarar da zan shigar."

A gidanmu na Damagaram kowa ya san Kaka ya yi fim a Faransa, amma ba a cika zancen ba, kamar yadda ba a cika zancen kawun da ya taɓa kwana a hannun hukuma ba. Sai da ya zauna a falona, ba abin yi sai jiran ranar ganin likita, na ji labarin a jere.

Ya tafi yana saurayi, gab da ƙarshen mulkin Faransawa, yana yi wa wani injiniyan hanya girki. Injiniyan ya koma ƙasarsu da shi, bai daɗe ba ya mutu, matarsa ta ce ba ta bukatar kuku. Kaka ya sami wankin kwanuka a wani gidan abinci da ke kusa da inda ake ɗaukar fim a gefen birnin Paris. Wata rana aka rasa wanda zai tsaya da jar hula ya buɗe wa babban ɗan wasa ƙofar otal, wani ya tuna da dogon yaron nan na bayan kicin. Daga ranar bai ƙara wanke kwanon kowa ba.

"Kada ki raina buɗe ƙofa," in ji shi. "In ka buɗe da wuri, ka nuna ka san mutumin zai shigo, alhali a labarin ba ka sani ba. In ka makara, ya ci karo da ita, ka kori kanka."

Ya yi mai gadin otal, ya yi yaron jirgin ruwa, ya yi mai riƙe wa ɗan dambe tawul, ya yi mai kawo tire a gidajen masu kuɗi har ya ce da tiren yana magana da an sa sunansa gaba da nasa. Maganar da ta fi tsawo da aka taɓa ba shi ita ce ya shigo ya ce wa uwargida motarta ta iso. Har yanzu yana iya faɗinta da Faransanci, da ɗan sunkuyawar da ke tafiya da ita. Ƙa'idar aikin, a faɗarsa, ɗaya ce: babban ɗan wasa aikinsa magana, ƙarami aikinsa ya dubi mai magana, domin inda ya duba nan 'yan kallo za su duba. Wannan ɗabi'a ba ta bar shi ba. Ko da ido ya tafi, duk wanda ya buɗe baki a ɗaki, Kaka zai juyo masa da fuska dukanta, kamar ba a taɓa faɗin magana mai muhimmanci irin wannan ba. Mai gadin gidanmu, wanda ba ya jin ko kalma ɗaya ta Hausa, ya ce bai taɓa haɗuwa da mutum mai fahimta kamarsa ba.

Amma abin da ya fi ci da shi mutuwa ce. Zamanin ana yawan fina-finan yaƙi da na hamada, kuma a irin waɗannan, in ka ga baƙar fata ya shigo da bindiga a kafaɗa, kada ka saba da shi. Kaka ya mutu a kan yashin da aka zuba a cikin rumfar kwano. Ya mutu a jirgin ruwan da bai taɓa ganin teku ba. Ya mutu a lokacin sanyi da ƙanƙara a bakinsa, don kada hucin numfashinsa ya tona asiri. Daraktoci suka gane yana iya kwanciya ido buɗe ƙarƙashin fitilu masu zafi, babban ɗan wasa ya durƙusa a kansa ya yi ta kuka da dogon jawabi, shi ko gashin idonsa ba zai motsa ba. Sai suka riƙa ba wa juna labarinsa.

Sau ɗaya ya yi kuskure. Yana kwance, wani mai riƙe fitila ya ce da abokinsa an gama, Kaka ya tashi zaune ya sosa hanci, alhali jarumin fim ɗin yana tsakiyar kuka a kan gawarsa. Duk sanyin shekarar ba wanda ya kira shi aiki. Tun daga nan ya ɗauki doka: in aka buga allon nan na farawa, ba ya tashi sai darakta da bakinsa ya ce "kupe", wato a yanke. Ko gobara ta tashi.

Abin da ya raba shi da sana'ar ya faru ne a gida. Ɗaya daga cikin fina-finan ya iso silimar Damagaram, wadda ba ta da rufi, wasu 'yan unguwarsu suka shiga kallo. Suka ga ɗan gidan maƙwabta an harbe shi a ƙirji, ya faɗi, Bature yana rufe masa ido. Washegari aka cika gidan mahaifiyarsa da gaisuwa. Aka yi zaman makoki, aka yi sadaka. Labarin gaskiya bai iso ba sai bayan an share hawaye. Da ya dawo ganin gida, tsohuwar ba ta yi masa faɗa ba. Ta zaunar da shi, ta sa ya yi mata alkawari ba zai ƙara mutuwa ba sai wadda Allah ya rubuta masa. Bai koma Faransa ba. Ya buɗe gidan burodi, ya yi aure, ya haifi mahaifiyata da sauransu.

Asibitin idon yana Wustul Balad, wato tsakiyar birni, a wani tsohon bene mai faɗin matakala. Likitan Bamisre ne, mai ƙaramar murya da saurin hannu. Ya duba, ya ce aikin ba mai wuya ba ne: za a ɗiga maganin kashe zafi a idon, mutum yana farke, a cire yanar a sa wani gilashi ƙarami a madadinta. Sharaɗi ɗaya ne, mara lafiya ya kwanta shiru, ya dubi fitila, kada ya motsa kai. Da yake Kaka ba ya jin Larabci ko Turanci, likitan kuma Faransancinsa bai wuce gaisuwa ba, aka yarda in shiga ɗakin aikin a matsayin tafinta. Aka sa mini riga da hula da takunkumi.

Ba a kai ko'ina ba. Aka kwantar da shi, aka rufe fuskar da ƙyalle aka bar idon. Likita ya ce da ma'aikaciyar jinya ta miƙo masa wani abu, Kaka ya juya kai wajen likita. Ta amsa, ya juya wajenta. Na ce, "Kaka, kada ka motsa," ya juyo wajena. Aka manna masa tef a goshi, ya riƙa bin muryoyin da ƙwayar idon. Da ya ji sanyin ƙarfe kusa da fatar idonsa kuwa, sai hannunsa ya fito daga ƙarƙashin mayafi ya kama wuyan hannun likita. Riƙo na mai cuɗa burodi.

Likita ya ajiye kayansa. A ofis ya yi mini magana a hankali. Ya ce in mutum ya motsa ana tsakiyar aiki, idon na iya tafiya gaba ɗaya, kuma wannan shi ne kaɗai ya rage. Hanya ta biyu ita ce allurar barci, amma likitan zuciya ya riga ya rubuta cewa zuciyar tsohon ba za ta ɗauka ba. "Ma'alish," ya ce, wato a yi haƙuri. "Zan sake gwadawa sau ɗaya, mako mai zuwa. In ya motsa kafin in fara, zan bar shi da ɗan hasken da yake da shi. Shi ma ba zai daɗe ba."

Muka shiga motar haya zuwa Faisal. Direba yana faɗa da wani fasinja kan canji, Kaka bai ma juya ya dube su ba. Sai da muka hau bene, lif ɗin ya ƙi, ya tsaya hutawa a hawa na biyu, sannan ya ce, "Wani mai maganin gargajiya ya taɓa sa wa yayana allura a ido. Ina riƙe da ƙafafunsa. Bai ƙara ganin komai ba."

"Wannan ba irin wancan ba ne, Kaka."

"Kaina ya sani. Hannuna ne bai sani ba."

Tun kafin zuwansa na samo ɗaya daga cikin fina-finansa a intanet, baƙi da fari, hoton yana rawa. Na so in ajiye sai an gyara idon ya gani da kansa. Washegarin ranar da aka fasa aikin, da hantsi, na ga zaman shirun ya yi yawa, sai na kunna masa a kwamfuta na riƙa ba shi labarin abin da ke faruwa, irin yadda muke yi a rediyo in ana wani taro. Ga sojoji a bayan tudun yashi. Ga wani dogo siriri mai manyan kunnuwa.

"Ni ne. Kunnuwan na gado ne, ki duba madubi."

Ga harbi. Dogon ya dafe ƙirji, ya durƙusa, ya kife ta gefe, ya juyo rigingine. Kyaftin ɗinsu ya rugo ya tallafe kansa, ya fara magana. Na yi shiru, saboda ba abin da zan ba da labari. Kyaftin ya yi ta magana. Kyamara ta matso har fuskar kakana ta cika allon, idanu a buɗe, fitila tana haskawa a cikinsu. Aikina ya koya mini jin tsawon lokaci ba tare da duba agogo ba, kuma na san shirun da ya wuce numfashi uku a rediyo dogo ne. Wannan ya wuce haka nesa. Wani ƙuda ya sauka a kumatunsa, ya yi yawonsa, ya tashi.

"Akwai ƙuda," na ce.

"Na san shi. Sau huɗu aka ɗauki wurin, duk yana nan. Ina jin shi ma biyansa ake yi."

Na tsayar da fim ɗin. "Ango, mutumin da ya yi wannan shi ne jiya ya kasa kwanciya a gaban likita?"

"Wancan aiki ne."

"To wannan ma aiki ne. Fitila ce a sama, mutane suna magana a kanka, kai ba ka cikin masu magana. Me ya bambanta?"

Sannan ya ce, "Gawa ba ta duban mai magana. Wannan gaskiya ne. Gawa ba ta da hannu kuma." Ya shafa gwiwarsa. "Amma na yi wa tsohuwa alkawari."

Ban yi dariya ba, don na ga ba wasa yake ba. Matar ta rasu tun kafin a haife ni, amma alkawarin yana nan da ransa. Da mijina ya dawo daga jami'a na ce ga ranar da karatunsa zai yi mana amfani a gida. Ya wanke hannu, ya zauna a ƙasa gaban Kaka, ya nemi a maimaita masa lafazin alkawarin daidai yadda aka yi shi. Ya tambaya ko an ambaci sunan Allah, ko rantsuwa ce ko wa'adi. Ya tambayi abin da ya sa tsohuwar ta nema. Ya kawo maganar niyya, ya kawo maganar larura, ya bambanta abin da lafazi ya ƙunsa da abin da mai magana ya nufa, ya fara jero ra'ayoyin malamai.

"Ɓarawo," in ji Kaka, "idon nawa ɗaya ne, kuma yana ƙarewa. Taƙaita."

"Baba, abin da ta hana shi ne ka sa ta kuka a banza. Wannan kuwa ba mai kallo, ba mai kuka, kuma neman lafiya ne. In da tana raye ita za ta ce ka kwanta."

"Ba ka san ta ba. Za ta ce in kwanta, sannan ta tsaya a kaina da muciya." "To. Amma gawa ba ta kwanciya haka kawai. Sai da darakta."

Duka biyun suka juyo wajena, mai gani da mara gani.

Muka shiga gwaji. Kowace safiya kafin in tafi aiki, sai a shimfiɗa bargo a tsakar falo, mijina ya riƙe fitilar teburinsa ta karatu a saman fuskar Kaka. Ni kuma in tsaya wajen ƙafafu. Ba mu da allon bugawa, sai na riƙa tafa hannu sau ɗaya. Kaka ya gyara ni tun ranar farko.

"Wannan tafin biki ne. Darakta ba ya roƙo. Buga kamar kina da mutum hamsin da ke jiran abincin rana."

Ya koya mini yadda abin yake, ko da yake ban tambaya ba. Ba a riƙe numfashi, mai riƙe numfashi shi ne ke fashewa a tsakiya. Ana sauke shi ne can ƙasa, a bar ƙirji ya huta. Ana sakin muƙamuƙi. Ba a duban fitilar, ana duban wani abu da ke bayanta, nesa. Sannan mutum ya bar wurin. Shi yakan fita daga ƙofar gidansu na Damagaram a ransa, ya bi lungu a hankali, ya gaida duk wanda ke zaune a ƙofar gida, har ya isa kasuwa. In ba a ce kupe ba, ya juyo ta wata hanyar.

Ranar farko ya motsa da mijina ya yi tari. Ta biyu ya motsa da na kira shi angona. Daga nan ya fara dawowa hannu. Muka riƙa hira a kansa da Larabci, na riƙa taɓa gefen idonsa da bayan cokali mai sanyi. Hannun ya ɗan motsa a kan bargo, sannan ya daina.

Ana cikin haka wata safiya maƙwabciyarmu ta turo ƙofa. Bahaushiyar Sudan ce, dattijuwa, ta saba shigowa aron abu ba tare da jiran izini ba. Ta ga tsoho a miƙe a ƙasa ido a kafe, mijina a tsaye a kansa, ni ina riƙe da cokali. Ta saki kwanon da ke hannunta ta fara salati. Na ce kupe da sauri. Kaka ya tashi zaune, ya juya fuska wajenta.

"Hajiya, ina kwana. Yaya kika gani?"

Ta dafe bango. Da ta sami numfashi ta ce, "Alhaji, in ka ƙara yi mini haka, ni zan ƙarasa ka."

Ranar ya ci abinci fiye da kullum. Ya ce da mijina, "Ka ji? Shekara nawa rabona da aiki, amma da shigowarta ta yarda."

Ranar aiki na yi wa likita bayani a taƙaice. Na ce tsohon ɗan wasan fim ne, zan tafa hannu sau ɗaya, daga nan ba zai motsa ba. Likita ya dube ni ta saman tabarau, ya ce, "Tamam," irin tamam ɗin da Misrawa ke yi wa wanda ba sa son musu da shi. Aka kwantar da Kaka, aka ɗiga magani, aka rufe fuska. Ta ƙarƙashin ƙyallen ya ce, "Amarya, wa ya kashe ni?"

Ban shirya wa wannan ba. "Yana da muhimmanci?"

"Ba a mutuwa ba dalili."

"Mijina ne. Kan mace."

"Yawwa. Buga."

Na tafa. Ma'aikaciyar jinya ta ɗan firgita. Na ga yatsun ƙafarsa sun saki sun kwanta gefe, hannun da ya kama likita ya buɗe a hankali a kan gado. Likita ya yi magana, ba abin da ya juya. Ya sake magana da ƙarfi, da gangan. Ya dubi na'urar da ke nuna bugun zuciya, ya dube ni, sannan ya jawo madubinsa ya sunkuya.

Ban dubi abin da yake yi ba. Hannun Kaka na duba tun daga farko har ƙarshe, don na san nan ne labarin yake. Sau ɗaya ɗan yatsansa ya ɗaga kaɗan, lokacin da wata na'ura ta fara ƙara. Na buɗe baki, na rufe. Darakta ba ya magana da gawa. Yatsan ya koma. A raina na ce yanzu ya kai wajen masu saƙa, yanzu ya tsaya gaida wani.

Likita ya miƙe, ya ce, "Khalas," wato an gama. Ya rufe idon da auduga da wani ɗan murfi. Ma'aikaciyar jinya ta kama hannuna ta fitar da ni, ta ce in sauka ƙasa in karɓo magungunan ɗigawa kafin a rufe wurin don salla, su za su fito da shi. Na bi umarni. Na sanar da mijina a baranda, ya ɗaga hannu sama, na sauka.

Ina cikin layi sai ga ma'aikaciyar jinyar ta sauko da sauri. Ta ce likita yana nemana. Na hau matakalar nan ban san yadda na hau ba.

Kaka yana nan yadda na bar shi. An cire ƙyallen, an kashe fitila. Likita yana tsaye hannu a ƙugu. Ya ce na'ura ta nuna komai lafiya, zuciya lafiya, numfashi lafiya, amma mutumin ya ƙi motsi. Ya ce masa an gama da Larabci, ya ce da Turanci, ya tono Faransancinsa na makaranta ya ce. Sun kira mijina ya faɗa masa da Hausa. Sun girgiza kafaɗarsa. Akwai mara lafiya na gaba yana jiran gadon.

Na tsaya wajen ƙafafunsa, na gyara murya irin ta farkon labarai.

"Kupe."

Ya ja dogon numfashi. Ya motsa yatsun ƙafa. Ya ce, "Kin daɗe. Na je kasuwa na dawo, na sake komawa. Har mai goro ya fara tambayata ko lafiya."

"Kaka, ba ka ji likita ya ce an gama ba?"

"Na ji. Na ji ɓarawo ma. Cikinsu wa ya buga allo?"

Na fassara wa likita. Ya cire tabarau ya yi dariya har ya zauna a kujerarsa. Ya ce in tambayi tsohon ko zai yarda ya riƙa zuwa yana koya wa sauran marasa lafiya. Kaka ya ce ya bar aiki, wannan ma alfarma ya yi.

Washegari aka cire murfin. Na karanta cewa wasu kan yi kuka a irin wannan lokaci. Kaka ya ƙifta ido, ya ƙifta, ya dubi tagar ofishin, ya dubi hannunsa ciki da baya. Sannan ya juyo wajena, wannan karon idon ya sauka daidai a kan fuskata, ba gefenta ba. Ya daɗe yana kallo.

"Ashe haka kika zama," ya ce. "Da na sani da ban yi ta kishi ba." Ya juya wajen mijina, ya dube shi sama da ƙasa. "Kai kuma na janye ƙara. Riƙe ta."

Likita ya hana shi kallon allo sai idon ya huta, don haka fim ɗin ya jira. Kwanakin nan ya yi su a baranda, yana kallon titin Faisal, yana ba ni rahoton abin da na shekara ina gani: motocin haya da ke tsayawa a tsakiyar hanya, kwandon da mata ke saukowa da igiya daga bene, mai gadinmu da ya ce bai zaci gajere ne haka ba.

Ranar da aka ba shi izini na kunna masa. Maƙwabciya ta shigo, mijina ya ajiye littafi. Kaka ya matso da kujera. Dogon sojan ya bayyana. Aka yi harbi, sojan ya faɗi, kyaftin ya tallafe shi. Na saci kallon Kaka ina jiran in ga alfahari. Fuskarsa ba ta nuna ba. Ya sa na mayar da wurin baya, ya sake kallo.

"Yaro ne," ya ce a hankali. "Ban san yaro ne haka ba." Kyamara ta matso, fuskar ta cika allon, ƙuda ya sauka. "Wannan 'yan unguwa suka je suka ba tsohuwa labari."

Kyaftin ya sa hannu ya rufe idanun sojan.

"Da ni ma na gani, da na je gaisuwa," in ji Kaka. Ya share idon da gefen hannun riga, na ce kada ya taɓa, likita ya hana. Ya sauke hannun. Sannan ya nuna allon da yatsa, can gefe, inda kyaftin ya durƙusa.

"Kun ga gwiwarsa? A kan hannuna take. Duk jawabin nan a kan yatsuna ya yi shi. Ko sannu bai ce mini ba."